Rasuwar Farfesa Nusret Kajtaz, Na Huɗunmu

Daga Ƙungiyar Makaɗan Goge Huɗu ta Studenci, Maribor, zuwa ga iyalan marigayi, da ɗalibansa, da dukkan masu zuwa sauraronmu.

Cikin alhinin da ya yi mana nauyi, amma tare da godiya ga Allah bisa tsawon zaman da ya ba mu da shi, Ƙungiyar Makaɗan Goge Huɗu ta Studenci ta sami labarin rasuwar ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa ta, babban malami a makarantar kiɗa ta wannan birni, mai riƙe mana gogen da ake kira biyola fiye da shekara talatin, Farfesa Nusret Kajtaz, wanda Allah ya karɓi ransa ranar Talatar makon jiya da la'asar, a gidansa, yana da shekara saba'in da biyar. Mai ɗakinsa, Uwargida Zdenka Kajtaz, ta shaida mana cewa ya dawo daga bita cikin nishaɗi, ya ci ya ƙoshi, ya yi ƙorafin da ya saba yi cewa miyar wake ba ta ji gishiri ba, sannan ya zauna a kujerarsa ta bakin taga, daga nan bai sake tashi ba. An yi masa salla an rufe shi a ɓangaren Musulmi na maƙabartar birni, kuma jama'ar da ta raka shi ta cika hanya har bakin titin mota.

Muna miƙa ta'aziyyarmu ga Uwargida Zdenka, da 'yarsa Dokta Almasa Kajtaz, da jikokinsa biyu, da kuma yayarsa, Uwargida Munevera, wadda ke zaune a Mostar. Mun san kuma tambayar da ke bakin kowa, domin tun ranar wayarmu ba ta huta ba: ina makomar wasan Mostar na watan Mayu? Shi ne karo na farko da marigayin ya yarda zai kaɗa a garin haihuwarsa tun da yaƙi ya fito da shi, kuma yayar tasa, mai shekara tamanin da huɗu, wadda ba ta taɓa ganin sa a kan dandamali tare da mu ba, har ta ba da ɗinkin sabuwar riga saboda ranar. Amsar tana ƙarshen wannan sanarwa, sai dai ba za ta shiga kunne ba sai an san ko wane ne mutumin.

Farfesa Kajtaz ya iso Maribor a shekarar farko ta yaƙin Bosniya, shi da matarsa da 'yarsu ƙarama, aka sauke su a tsohon barikin soja tare da ɗaruruwan 'yan gudun hijira. A lokacin mu uku ne muke ta neman na huɗu: Farfesa Breda Ferlinc mai goge na ɗaya, da Malam Gorazd Lešnik mai goge na biyu, da ni Ciril mai babban goge na ƙasa. Mun rasa mai biyola, wato gogen tsakiya mai kaurin murya, har Breda ta ji labarin wani mutumin Mostar da ke koya wa yaran bariki waƙa a ɗakin cin abinci. Muka je da saurinmu, takardun kiɗa a hammata, muna son a gama magana a tsaye. Ina! Mutumin nan ya zaunar da mu a bakin gadon ƙarfe, ya ɗora gahawa a kan ɗan murhun lantarki, ya ce a garinsu ba a tambayar baƙo abin da ya kawo shi sai finjali ya kai rabi. Da Breda ta kasa haƙuri ta tambaye shi ina gogensa, sai ya ce, "Yana Mostar, Malama, yana gadin gida. Idan kuna da na aro, ni ina da hannu." Na aron da muka samo masa a makaranta, na 'yan koyo ne, muryarsa kamar ta ɗan akuya mai mura, amma da shi ya yi shekara shida yana kaɗawa, kuma da shi muka fara yin suna.

Kowa ya san irin tsiyar da makaɗa ke yi wa masu biyola, wai wanda ƙaramin goge ya gagara shi ake miƙa wa ita. Marigayin bai taɓa jin haushi ba, shi ne ma ke tara barkwancin yana kawo mana sabo duk mako, ya riga kowa dariya. Yakan ce Breda ce ke yin magana, Gorazd ya gaskata ta, Ciril ya buga ƙafa, shi kuwa aikinsa ya hana mu faɗa. Wannan ba wasa ba ne kawai. Mutum huɗu a ɗaki ɗaya, kowa da kunnensa da girman kansa, ai sai Allah. Idan gardama ta yi zafi tsakanin Breda da Gorazd a kan ko a ja wani wuri ko a sassauta, sai ya tashi shiru ya koma wajen murhu. Gahawarsa kala uku ce, yadda suke yi a Mostar: ta maraba, da ta hira, da ta uku mai tsinkakken ruwa wadda ake ba baƙon da ya daɗe don ya gane lokacin tafiya ya yi. Da zarar ka ga ta uku a gabanka, to ka san bita ta ƙare, ka naɗe kayanka. Breda ta sha ta uku fiye da kowa, kuma ta ba ni izinin faɗin haka.

A nan zan roƙi afuwar ƙungiya in yi magana da bakina ni kaɗai. Tsirkiyar ƙasa ta biyola da tsirkiyar ƙasa ta babban goge murya ɗaya suke ɗauka, tawa dai ta fi zurfi. Idan kowannenmu ya saita tasa daidai shi kaɗai, da an haɗu da ƙananan goge biyu sai ka ji wani tsami a kiɗan. Dole mu biyu mu ɗan ɗaga ta sama tare, ɗan kaɗan, gwargwadon da babu na'urar da za ta auna maka, sai kunne. Saboda haka kafin kowane wasa, a bayan labule, sai ya sunkuyo da kansa kusa da nawa mu ja tsirkiyar tare, ya lumshe ido ya ce, "Ɗan taso, Ciril, yau ma barci take yi." Wani lokaci in taso, wani lokaci in ce shi ne ya wuce wuri ya sauko, mu yi ta yi har mu haɗu a tsakiya. Na yi wannan da shi a manyan zauruka da ƙananan coci-coci na ƙauye, cikin sanyi da cikin zafi. Jiya na ɗauko gogena don in saita, na rasa inda zan tsaya. Ina kewar sa ƙwarai, kuma ba na jin kunyar rubuta haka a takardar ƙungiya.

Ɗalibansa, waɗanda yanzu suke kaɗawa a Ljubljana da Graz da Zagreb, za su ba da shaidar malamin da bai taɓa ɗaga murya ba, wanda kuma bai taɓa barin kuskure ya wuce ba. Yaran barikin nan da ya fara koya wa waƙa, da yawansu sun zo jana'iza da furfura a kansu. Ya sami takardar zama ɗan ƙasa, ya sayi gida mai ɗan lambu a bakin kogin Drava, ya dasa ɓaure wanda sanyin nan ya hana shi 'ya'yan kirki, ya kuma ƙi sare shi. Duk wanda ya tambaye shi ko yana baƙin cikin abin da ya rasa, sai ya ce an ba shi rayuwa biyu, yawancin mutane ɗaya suke samu, don haka ba shi da bakin kuka.

Tun ranar da aka kafa wannan ƙungiya muke da doka guda da ba mu taɓa karyawa ba: ko mu huɗu, ko babu. Ba ma ɗaukar ɗan riƙo. Shekarar da Gorazd ya karye a hannu mun soke wasannin bazara gaba ɗaya, haka ma lokacin da Breda ta haihu. Marigayin ne ya kawo dokar, shi ne kuma ya fi kowa tsauri a kanta. Wani mai shirya wasanni ya taɓa ce masa ai mai biyola ba a ma jin sa, a sa kowa a kujerar ba wanda zai gane. Ya amsa masa da fara'a cewa, "Gaskiyarka, ranka ya daɗe, ba wanda zai gane sai mutum uku, kuma su ne za su kaɗa." Daga baya muka fahimci daga ina dokar ta fito. Kafin yaƙi yana da wasu abokan kiɗa uku a Mostar, kowa da addininsa, tun suna samari suke tare. Biyu ba su ga ƙarshen yaƙin ba, na ukun ya tafi Kanada ya ajiye goge. Shi ya sa duk bazara yakan je Mostar wajen yayarsa, ya ci ɓaure ya sha hira, amma ko sau ɗaya bai tafi da biyola ba. Mun roƙe shi har mun gaji mun bari. Sai bara, muna tsakiyar bita, ya ajiye bakan gogensa ya ce, "Yaya ta tsufa, ni ma haka. Ku nemo mana zaure a Mostar." Muka zaɓi sabon kiɗa domin tafiyar, wanda ba mu taɓa ɗauka a faifai ba, muka yi hunturun nan duka muna gyaran sa.

Bayan jana'iza mu ukun da muka rage muka zauna, kuma ba a yi doguwar magana ba. Doka doka ce, kuma ta mamaci ce. Muka yanke cewa an soke wasan Mostar, ƙungiya kuma ta kai ƙarshenta. Aka ɗora mini nauyin sanar da Uwargida Munevera, wadda ciwon ƙafa ya hana ta zuwa jana'izar, kuma wadda dama ko a lokacin yaƙi ba ta yarda ta bar garin ba. Na buga mata waya na yi mata gaisuwa, na fara kame-kame a kan dokar ƙungiya. Ba ta bari na kai aya ba. Ta ce, "Kai ne Ciril mai babban goge, wanda ke riga kowa shiga? Ai na san ka sarai, Nusret ya gaya mini. To saurara, ɗan nan. Wa ya ce muku ku sa wani a kujerar ƙanena? Wallahi da kun sa, da ni zan fara tashi in fita." Na ce to Yaya, ai kiɗan na mutum huɗu ne, in babu nasa rabon, rami ne zai fito a tsakiya.

Sai ta ce in yi shiru in ji. Tsohuwar nan ta fara rerawa ta cikin waya, ƙasa-ƙasa, da muryar da ta sha shekaru, kuma kafin ta yi nisa na gane abin da nake ji. Rabon Nusret ne na sashen kiɗan mai tafiya a hankali, ba ta ɓata ko ɗaya ba, har wuraren da yake tsayawa ita ma sai ta tsaya ta ƙirga sannan ta ci gaba. Ashe duk Lahadi, tun farkon hunturu, yakan kira ta ya ajiye waya a kan tebur ya yi bitarsa, ita kuma tana can tana gyaran wake tana saurare. Ta ce, "Kullum ina yi masa tsiya, in ce haba Nusret, wannan da-da-da ɗin ne kiɗan da aka ba ka farfesa a kansa? Sai ya ce, yi haƙuri, Yaya, sai kin ji sauran ukun. To nasa yana wurina. Abin da ban sani ba shi ne me ke faruwa a wuraren da yake yin shiru. Ku kawo mini naku, kada ku sa in mutu ban ji ba." Ina ajiye wayar na kira Breda da Gorazd na gaya musu.

Muna roƙon Allah ya ji ƙan Farfesa Nusret Kajtaz, ya yafe masa kurakuransa, ya sa ya huta, ya saka masa da alheri bisa yaran da ya koyar da zaman lafiyar da ya riƙe a tsakaninmu. Allah ya ba Uwargida Zdenka da Dokta Almasa da jikoki da dukkan dangi a Maribor da Mostar haƙuri da ƙarfin zuciyar ɗaukar wannan rashi, ya ba mu mu ma.

Bisa amincewar iyalan marigayi, ƙungiya tana sanar da cewa wasan Mostar yana nan a ranarsa, kuma shi ne zai zama wasanmu na ƙarshe. Mu uku za mu hau dandamali, ba za a zaunar da kowa a wurinsa ba, kuma za mu kaɗa namu rabon yadda muka gyara shi tare da shi, ba ragi ba ƙari. An keɓe wa Uwargida Munevera kujera a layin gaba, ta ɓangaren da biyola ke zama. Roƙo ɗaya muke yi ga duk wanda zai halarta: idan kuka ji wata dattijuwa cikin sabuwar riga tana rera wani abu ƙasa-ƙasa muna tsakiyar kiɗa, don Allah kada wanda ya ce mata ta yi shiru. Da ita muka cika huɗu.

Sa hannu:
Farfesa Ciril Pušenjak
Mai babban goge, kuma Kakakin Ƙungiyar Makaɗan Goge Huɗu ta Studenci, Maribor