Mai Sunan Malam

Kano

Goggo Rahmatu,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kina lafiya, ke da ɗalibanki. Albishirinki! An amince mini in yi fim a kan mutanenmu da suka je yaƙin basasa. Da labarin babanku zan fara, wanda ya tafi bai dawo ba, kuma daga bakin Kaka Barira nake son jin sa. Ina so in rubuta sunansa na yanka a farkon fim ɗin, baro-baro. Murna ta hana ni zama. Ranar Asabar za mu iso Kunci da abokin aikina mai ɗaukar sauti.

Ɗanki, Ikrima.

Kunci

Ikrima,

Gaisuwa da fatan alheri. Ku zo, Inna har ta sa an wanke mata mayafin Sallah. Amma zancen suna ka cire rai. Kai ɗan birni, ka taɓa jin tsohuwa ta kama sunan mijinta? "Malam" take cewa. Ina ciki ya tafi, babanka yana goye. Duk gari da Ɗan'auta suka san shi, a makaranta ma shi aka rubuta mana, kuma 'yan'uwansa sun ƙare. Na roƙe ta har na gaji. Yana damuna ƙwarai in yi wa ubana addu'a da laƙabi.

Goggonka.

Kano

Goggo,

Mun dawo lafiya. Kaka ta ba ni mamaki, ke kina wajen girki ba ki ga rabi ba. Ta faɗi yadda ya bar gero bai isa yanka ba, da yadda ta soya masa gyaɗa ya zuba a aljihun kaki, har waƙar sojoji ta rera. Da na tambayi sunan sai ta ja mayafi ta ce, "Ja'iri, kashe injinka." Fim ya yi kyau, amma na dawo babu abin da na je nema.

A gaishe ta. Ikrima.

Kunci

Ikrima,

Sauri nake yi, ka yi haƙuri da rubutun. Tun da kuka tafi Inna ke zancen abokinka. Jiya ta ɗaure gyaɗa a leda ta ce, "A kai wa mai sunan Malam." Na ce wa? Ta ce, "Dogon nan mai riƙe da sandar ɗaukar magana mai gashi a kai, ai na ji jikana ya kira shi." Ban taɓa jin ta kira wani haka ba. Ni kuwa "baƙo" na yi ta ce masa, ban tambayi sunansa ba. Don Allah ya sunansa? Ka ba direban da ya kawo maka wasiƙar nan da gyaɗar amsa kafin ya juyo.

Goggonka.

Kano

Goggo,

Gyaɗa ta iso, ya karɓa hannu biyu. Sunansa Abdulkabir. Allah ya jiƙan babanki, yau ki yi masa addu'a da sunansa.

Ɗanki, Ikrima.