Ganyen Buluberinka Ya Yi Rawaya

Baban Ilham,

Assalamu alaikum. Ina yi maka sallamar da na san ba za a amsa ba, a takardar da ba za ka taɓa karantawa ba. Amma magana ta cika min ciki, kuma duk garin Guangzhou ban ga wanda zan yi wa ita ba sai kai.

Na fita takaba. 'Yarka Ilham lafiyarta ƙalau, ta koma makaranta, Sinancinta na nema ya fi Hausarta. Jakunkunan da ka bari ana ɗinkawa a Shiling an gama su. Abokin cinikinka Alhaji Idi ya tsaya har aka loda su a jirgin ruwa a Huangpu, sun kuma isa Kano. Wannan duk ya wuce. Abin da ya hana ni zama wuri ɗaya shukarka ce.

Buluberin nan masu ƙananan 'ya'ya shuɗaye da ka jera a tukwane a saman bene, ganyensu ya koma rawaya, jijiyoyin kawai suka rage kore. Ina hawa in duba, in sauko, in sake hawa. Sai in ɗora girki in manta da shi a wuta. Me kake zuba musu ne? Na sha ganinka da wata 'yar leda kana barbaɗawa, ban taɓa tambayarka ba. Na samo ledar a bayan tankin ruwa, ba komai a ciki, rana da ruwan sama sun cinye rubutun.

Kowa na tambaya da nasa maganin. Hajiya Zenabu, 'yar Kumasin nan mai aika kaya Ghana, ta ce kashin kaji da toka, haka suke yi wa barkono a gidansu. Yayanka Garba da ya kira daga Kano dariya ya yi, ya ce taki ai taki ne, in zuba irin na masara. Daga nan ya shiga maganar da ta sa ya kira, wai mu tattara mu dawo gida. Hajiya mahaifiyarku na son ganin jikarta, kuma takardar zamanmu a kan taka aka yi ta, ga shi ta kusa ƙarewa. Bai yi ƙarya ba ko ɗaya.

Na gwada tokar a tukunya ɗaya, ta can ƙarshe. Shukar ta bushe ƙurmus. Ilham ta hau ta gani, ta daɗe a tsugune a gabanta, sannan ta sauko ta shige ɗaki ba ta ci abinci ba. Tun rasuwarka yarinyar nan ba ta yi kuka a gabana ba, ranar ma ba ta yi ba. Wannan shirun nata ya fi komai ba ni tsoro.

Tsohuwar mai gidanmu, wadda kake ce wa Ayi, ita ta hau shanya ta ga tokar, ta dafe kai. Da nuni da ɗan Sinancin da nake tsinta na gane maganarta. Wannan shuka ba ta son abin da sauran shuke-shuke ke so. Ƙasa mai tsami take so, toka kuwa kashe tsamin take yi, ruwan famfo ma haka, a hankali. Ashe shi ya sa kake tara ruwan sama a bokitai, ni kuma ina mita za su tara mana sauro.

Fitata ta farko bayan takaba kasuwar furanni na je. Na nuna hoton ganyen a waya. Mai shagon farko ya girgiza kai ya ce meiyo, wato babu. Na biyu ya miƙo min takin da ake sa wa kowane fure, na ajiye masa. A shago na uku wata mata ta kalli hoton sosai, ta ɗauko min iri biyu, duka na shukar da ke son tsami, masu farar wuta a ciki. Ɗaya gari ne da ake narkawa a ruwa, yana aiki da sauri, amma in hannu ya zarce yana ƙona saiwa, saiwar buluberi kuwa siririya ce kamar gashi, kuma a sama-sama take. Ɗayan ƙwayoyi ne, ba ya ƙona komai, sai dai aikinsa watanni yake ɗauka.

Baban Ilham, na tsaya da leda biyu a hannu har mutane na ratsa ni suna wucewa. Ina da watannin? Ko kafin ya fara aiki muna cikin jirgi? Matar ta turo min kujera, na kasa zama. Na ajiye wannan, na ɗauki wancan, na sake ajiyewa. Daga ƙarshe ƙwayoyin na saya, da buhun ɓawon itace da ta ce in rufe saman ƙasar da shi saboda zafi.

Akwai abin da ban taɓa gaya maka ba. Ranar da ka shigo da tukwanen nan raina ya ɓaci. Mun yi da kai za mu ɗan zauna ne mu koma, sai ga ka da shukar da sai an yi shekara ana jiranta. A ranar na gane ba ka da niyyar tafiya nan kusa. Ban kuma gaya maka ɓacin ran ya wuce tuntuni ba. Da safen nan da ka zuba min 'ya'yan farko a tafin hannu, na ce maka ba su kai ɗinya daɗi ba. Tsokana ce. Da ka juya baya sai da na lashe yatsuna. Na sha tsayawa a bakin matakala ina kallonka a sunkuye a kansu, sai ka ce mahaifinka a fadamarsa ta Kura. Me ya hana ni ƙarasowa in tsuguna kusa da kai? Na ɗauka akwai lokaci.

Yanzu tukwane biyu sun fitar da sabon toho, ja-ja da kore. Sauran suna nan yadda suke, ban sani ba ko za su tashi. Ilham ce ta fara gani, ta sauko a guje tana kirana, daga nan ta rungume ni ta fashe da kuka. Na bar ta ta yi har ta gaji.

Alhaji Idi ya ce in zan riƙe kasuwancin da sunana, mai yiwuwa a sabunta mana takarda, amma bai yi min alkawari ba. Na roƙi Yaya Garba ya ba ni lokaci har buluberin su yi fure. Ya ce na riƙe marainiya a ƙasar wasu saboda ɗan itace. Ko gaskiyarsa ne? In na tafi, wa zan bar wa su? In na zauna, me zan ce wa Hajiya? Da kai ne, wanne za ka zaɓa?

Ranar Juma'a Alhaji Idi da matarsa za su kai mu maƙabartar da aka kwantar da kai. Shi zai shiga da Ilham ya nuna mata wurin. Ni a bakin ƙofa zan tsaya. In ka ji sallama daga nesa, ni ce.

Allah Ya haskaka kabarinka, Ya sanyaya maka makwanci. Sai mun zo.

Matarka,
Maman Ilham