Ƙa'ida ta Biyar da Idon Baba

Hindawiyya, Jidda
Rajab, 1386

Ƙanena Abdulghani,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ya karatu, ya zafin Khartum? Mu nan alhamdu lillahi, sai dai idon Baba.

Na hagu ka san ya tafi tun bara. Yanzu duktur, likitan ido, ya ce na dama ma yana bin sawunsa, in ba a yi aiki kafin azumi ba, halas, shi ma ya tafi ke nan. Baba kuwa ya rantse wuƙa ba za ta taɓa idonsa ba sai ya gama da ƙa'idarsa ta biyar. Ka san ta, tunda tare muka tashi da ita: wai in ga miƙaƙƙen layi, ga ɗigo a gefensa, layi ɗaya tak zai ratsa ɗigon ya jera da shi ba su taɓa haɗuwa ba. Ni ban ga abin musu a nan ba. Shi kuwa tun kafin a haife ni yake son fitar da ita, wato ya kafa hujjarta, daga ƙa'idoji huɗun da ke gabanta. Yanzu hancinsa har taɓa takarda yake in yana zane.

Ga hujjarsa ta ƙarshe na haɗo maka. Ya ce ka kai wa malamanku na jami'a. In sun ce ta yi, washegari zai je mustashfa, asibiti ke nan. Yalla, ka yi sauri, kada ka tsaya nawarka da ka saba.

Yayarka,
Mastura

*

Khartum
Sha'aban, 1386

Yaya Mastura,

Wa alaikumus salam. Ina gaishe ki, ina gaida Baba gaisuwar girmamawa.

Ban kai wa kowa takardun ba, don na san amsar. Hujjar Baba ba ta yi ba, kuma babu wadda za ta yi har abada. Tun zamanin Yunanawa ake wannan fama. Malaman Bagadaza sun gwada, na Misra da na Farisa sun gwada, kowa sai ya shigo da abin da yake son tabbatarwa ta bayan gida bai sani ba. Baba ma haka ya yi a shafi na uku. Fiye da shekara ɗari da suka wuce wani Barashe da wani matashin soja a ƙasar Hungari, kowa shi kaɗai, suka ce to a ɗauka ƙa'idar ba ta nan, a ga abin da zai rushe. Babu abin da ya rushe, sai ma wata handasa sabuwa, wato ilimin layuka da siffofi, da ta fito da ƙafafunta. Daga baya aka gane a shimfiɗaɗɗen wuri kawai ƙa'idar take aiki. A jikin ƙwallo duk layuka sai sun haɗu.

An ce uban sojan nan ya roƙe shi ya bar maganar, domin shi ma uban ita ta cinye masa rayuwa. Can uba ne ya ja kunnen ɗa. Ni da wane baki zan ce wa Baba aikin rayuwarsa iska ne? Shi ya fara riƙe mini hannu na ja layi. Ba zan kuma ce ta yi ba, don zai kai ta a buga, a yi masa dariya.

Ga 'yar takarda ki karanta masa. Na ce shafi na uku yana son ƙarin bayani kaɗan. Zai gaji ya je asibiti da kansa, in Allah ya so.

Ƙaninki,
Abdulghani

*

Hindawiyya
Ramadan, 1386

Abdulghani,

Salam. Gaisuwa kaɗan, don raina a ɓace yake.

Zai gaji? Kamar ba a gidan nan aka haife ka ba. Da na karanta masa takardarka sai da ya yi hamdala, ya ce, "Kin ji ko, ya binti, 'yata? Wuri ɗaya tak ya rage." Ranar da duktur ya sa mana ta zo ta wuce yana kan tabarma da fensir. Da bakina na gaya masa duk abin da ka rubuto mini. Ya yi murmushi ya ce so nake in yaudare shi zuwa mustashfa, in da haka ne Abdulghani da ya karanta hujjar ai shi zai faɗa masa.

Kunyarka za ta makantar da shi, kai kuma kana can kana kiranta ladabi. Wallahi in ba ka rubuto masa da hannunka ba, kada ka sake ce mini Yaya.

Mastura

*

Khartum
Ƙarshen Ramadan, 1386

Zuwa ga mahaifina, Malam Haladu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Allah ya ƙara maka lafiya da nisan kwana.

Baba, ka gafarce ni. Abin da Yaya ta gaya maka gaskiya ne. Ƙa'ida ta biyar ba ta fita daga huɗun nan, an tabbatar da haka tun kafin a haife ka. In kana son shaida, ka ɓare lemo ka bi tsagoginsa: a tsakiya a jere suke, a sama da ƙasa kuwa duk sun haɗu. Ina roƙonka ka yi kaffarar rantsuwarka ka je a duba idon.

Ɗanka mai biyayya,
Abdulghani

*

Hindawiyya
Shawwal, 1386

Ƙanena,

Salam, da barka da Sallah.

Wasiƙarka ta iso bayan idon ya rufe. Ranar Idi ni na kai shi ƙofa, maƙwabcinmu Husaini ya ja shi zuwa masallaci. Duktur ya duba ya ce babu sauran abin yi.

Na karanta masa duka, ban rage harafi ba. Ya ce a kawo lemo. Na ɓare na sa masa a hannu. Ya bi tsagogin da yatsa daga sama har ƙasa, ya juya ya sake bi, ya daɗe yana yi. Na zaci kuka zai yi, sai na ga fuskarsa ta saki. Ya ce, "Subhanallah. Ashe akwai wata handasar, ga ta a hannuna." Ya tambaye ni yadda zane mai kusurwa uku yake zama a jikin ƙwallo, na ce ban sani ba. Ya ce in kawo fensir, na kawo, ya riƙe shi, ya ajiye.

Ba ya fushi da kai, ni ce nake yi. Saƙo ɗaya ya ba ni, ya ce in rubuta yadda ya faɗa: "A tambayi Abdulghani, abu mai kyau haka, me ya hana shi nuna mini tun ina gani?"

Ka amsa masa da kanka. Ni zan karanta.

Yayarka,
Mastura