Kek ɗin gyaɗa ya yi yaji

Ratri,

Na tafi karatun mata a masallaci.

Ki yafe mini, 'yata. Bayan asuba na ce bari in gasa miki kek ɗin gyaɗa da jam ɗin 'ya'yan itace da za ki kai wa uwar saurayinki yau. Tunkuzar ba ta isa ba, sai na cika da gyaɗar miyarmu ta pecel. Na manta akwai barkono da tafarnuwa a ciki. Babanki ya ci yanka uku yana hawaye, wai "ba laifi."

Kar ki kai wannan! Zan sayo sabuwar kwalbar tunkuza, ƙarfe tara mu sake gasawa in sha Allah. Ki fito da bota ta yi laushi. Matar nan ba za ta raina hannunki saboda ni ba.

Mamanki