Golan Ƙungiya Mijin Yayata Ne

Donghae, farkon Oktoba

Zuwa ga Yaya Mi-ryeong,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da Mama da yara. Yaya kasuwar kifi? Na zaɓi takarda ne don na san halinki, a waya sai ki katse ni da dariya.

Yaya, mijinki zai sa a kore ni daga aiki. Na buga ƙwallo a gida, na buga a Japan har idon sawuna ya karye, na horar da 'yan sakandare, duk ban taɓa shiga uku irin wannan ba. Kin san an naɗa ni kocin ƙungiyar da mijin naki, Yaya Dong-chil, yake tsaron raga. Mutumin da ya riga ni shiga makaranta, wanda na wanke wa takalman ƙwallo ina aji ɗaya! Shi zan ce wa tashi ka yi gudu? Ranar farko na busa usur na ce kowa ya zagaya fili, sai kawai na ga kaina na rusuna ina cewa, "Yaya, in ba damuwa, ko za ka ɗan taɓa gudun?" Yaran nan har da masu faɗuwa ƙasa don dariya. Yanzu in na ba da umarni, fuskarsa suke fara kallo.

Gaskiya dai ya haura arba'in, gwiwarsa ta gaji. Kafin ya sunkuya, ƙwallo ta shige raga. Wasa ɗaya ya rage mana, in muka sha kashi mun faɗa rukunin ƙasa, ni kuma in tattara kayana. Akwai sabon gola, Seung-ryul, mai tsalle kamar kyanwa, shi ya kamata ya tsaya. Don Allah ki lallaɓi mijinki ya ce ba shi da lafiya.

Ƙaninki mai biyayya,
Tae-seop

Namhae, tsakiyar Oktoba

Auta,

Duk muna lafiya. Mama ta ga hotonka a jarida, ta ce ka rame, ka daina cin taliyar leda.

Na karanta wasiƙarka a bakin teburin kifi, na yi dariya har mai sayen ƙaguwa ta tambaye ni ko lafiya. Koci guda! Wanda aka taɓa kira tawagar ƙasa, ko da yake benci ka ɗumama musu! Yau kai ne ka ɓuya bayan yayarka?

Ba ruwana. Mutumin da ya tsare raga da karyayyen yatsa ranar da na haifi Ha-eun, shi zai yi ƙaryar ciwo? Ka sake shawara.

Amma bari in daina wasa. Da ya zo hutu, da dafa bango yake hawa bene, yana tsammanin ban gani ba. Tsoro nake ji, Auta. Ina son miji mai tafiya da ƙafarsa in mun tsufa. Duk ƙungiyar nan ƙannensa ne, ba mai iya ɗaga ido ya gaya masa. Kai ma ƙani ne, amma kai aka ba usur.

Ga kimchi, kabejin nan namu mai yaji, da busasshen kifi nan na aiko. Rabi nasa ne, kada ka cinye.

Yayarka,
Mi-ryeong

Donghae, jajibirin wasa

Yaya Mi-ryeong,

Ina gaisuwa, saƙo ya iso, na gode.

Na yi. Jiya a ɗakin sa kaya na karanta sunayen masu bugawa. Na ce, "Gola, Seung-ryul." 

Yaya Dong-chil ya ce, "Maimaita, kunnena ya tsufa."

Na fara rusunawa. "Yaya, in ba damuwa..."

Ya ce, "Kai, ban tambayi ƙanin matata ba. Koci na tambaya. Ko babu koci a ɗakin nan?"

Sai na miƙe wuya na ce, "Pyo Dong-chil, benci!" Har ni kaina na firgita. Ya cire safar hannunsa, ya jefa wa Seung-ryul a cinya, ya ce, "Ka jiƙa ta da ruwa tukun, sakarai, ta fi kamawa." Ya fice.

Tun daga nan bai ce mini uffan ba. Da safe na gaishe shi, ya wuce. Wasan gobe bai dame ni kamar wannan ba, Yaya. Ina jin na yi asarar ɗan'uwa.

Naki,
Tae-seop

Namhae, ƙarshen Oktoba

Zuwa ga Koci Bong Tae-seop,

Bayan gaisuwa, barka da canjaras, mun tsira a rukuninmu. Fenaritin da yaron nan Seung-ryul ya kama, da ni ne sai dai in raka ta da ido.

Tun bara na san na ƙare. Ba wanda ya isa ya gaya mini, ni kuma na kasa gaya wa kaina. Na ji haushinka, ya wuce. Na gode. Bakina ba zai iya faɗar wannan a gabanka ba, kada kuma ka nuna wa kowa.

A fili kai ne babba. Amma ranar bikin girbi in mun haɗu a gidan Mama, kai za ka gasa nama, ni in ci.

Yayanka,
Dong-chil, tsohon gola