Daƙiƙa Goma Sha Ɗaya na Mama

Toledo, 9 ga Oktoba

Zuwa ga ƙanwata Corliss,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidanki Orval da yara. Allah ya sassauta miki ciwon gwiwar nan. Ni dai tari bai sake ni ba, amma ina tashi da ƙafata.

Wasiƙarki ta iso, kina neman fim ɗin da Baba ya ɗauki Mama tana shanya a bayan gida, don jikokinki su san fuskarta. Corliss, shekara talatin ina ɓoye miki: ni na sa reza na yanka shi. Kin san sana'ar da na bar koyarwa dominta, tsinto tsofaffin fina-finai a gwanjon kayan waɗanda suka rasu, in yayyanka in liƙa: tallan sabulu, masu jiran bas, wani yana wanke mota. Wai hoton ƙasar nan nake haɗawa. Na ciri daƙiƙa goma sha ɗaya na Mama na liƙa a tsakiyar fim ɗina, sauran ya ruɓe a ɗakin ƙasa. Babu kwafi.

Fim ɗin nan nawa mutum tara suka taɓa kallonsa, biyu sun yi barci. Sai makon jiya wata Malama Prewitt ta zo daga gidan adana fina-finai, ta ce suna son sa, su ajiye da sunana, amma in aka ɓamɓare ko liƙi ɗaya sun fasa. Juma'a za a zo ɗauka. Na gaya mata buƙatarki, sai ta yi dariya ta ce, “Malam Lyman, ai matar nan mai shanya ta zama ta kowa yanzu.” Na ce mata, “Sunanta Ardith.”

Kwana uku ina zagaya teburin aikina, rezar na kallona. Abin da na jira duk rayuwata ke nan, ya zo bayan haƙorana sun zube. Yau da safe na yanke.

Guntun fim ɗin Mama yana cikin ambulan ɗin nan. Ki riƙe shi ta gefe, ki ɗaga saitin taga. Inda ta juyo tana murmushi, ke take kallo. Na daɗe da sanin haka.

Ki gaida Orval, da Thelda, da ƙaramar Junia.

Yayanki,
Lyman