Ɗakin Kaka a Cikin Waya

Daren Talata, Goronyo

Yau na ari wayar Yaya Sani don in mayar da waƙar da na rubuta wa Kaka fim, kowane baiti da hotonsa. Baitin ruwan dam ɗin garinmu bai ba ni wuya ba. Amma da na zo inda na ce ɗakinta ya yi shiru tun da ta rasu, sai na rasa abin ɗauka. Na dai tsaya bakin ƙofa da la'asar, na ɗauki tabarmarta da butarta a wayar.

Na nuna wa ƙawata Hadiza, ta yi dariya ta ce, "Ke, mi kinka ɗauko nan? Ai bango na kawai!" Gaskiyarta, ko ƙamshin turaren Kaka bai shiga ba.

Yanzu na sake kunnawa ni kaɗai, na rufe ido. Sai na ji kukan kaji a ciki, alhali ba su fito a hoton ba. Ashe lokacin da Kaka ta saba watsa musu tsaki ne, suka taru bayana suna jiranta.

Ba zan goge ba. Gobe ni zan ba su.